Takalman Zomo

A rumfar mai gyaran takalmi, wata mata tana jiran a ɗinke mata jaka, sai wani tsoho mai ƙafa ɗaya ya jingine sandarsa, ya ajiye tsofaffin takalman soja. Ta kasa yin shiru.

"Baba, waɗannan ai sun mutu. Kuma ƙafa ɗaya, takalmi biyu?"

"Ba nawa ba ne, 'yata, na abokina Zomo ne. A fagen yaƙi muka laƙaba masa sunan, don ko murfin tukunya ya faɗi, sai a rami za a tsinto shi. Da takalmi yake barci, da shi yake wanka, wai kada gudu ya same shi ba shiri."

"To me ya kai matsoraci aikin soja?"

"Mu ma mun tambaya, ni na fi kowa tsokanarsa. Ran nan muna wanki a bakin rafi, kowa ƙafa ba takalmi, aka buɗe mana wuta. Harsashi ya farfasa min gwiwa, jarumai duk suka watse. Zomo kaɗai ke da takalmi. Har ya yi nisa, sai ya ji ina kiransa."

"Ya dawo?"

"Ya dawo yana kuka yana zagina. Ya goya ni ya ratsa ƙaya, bai sauke ni ba sai gaban likita."

Matar ta dubi takalman. "Allah ya jiƙansa."

"Wa? Ga shi can tsallaken titi yana hararar mu! Motoci yake tsoro. Ni mai ƙafa ɗaya, ni nake tsallaka masa."