Ranar da Aka Yi wa Kyamara Kwalliya

Assalamu alaikum, Malam mai gabatarwa, barka da aiki. Ni malamin sakandare ne a Birnin Kudu.

Da yawa muna zaton da an kunna kyamara, gaskiya za ta fito da kanta. Ni ma haka na ɗauka, sai da na raka tsohuwar ɗalibata Balaraba, wadda ta koyo ɗaukar fim a Kano, zuwa wani ƙauye kusa da Gwaram. Tana so ta nuna yadda mutanen ƙauyen suke shan ruwan kududdufi tare da shanu, ko masu tallafi za su taimaka musu da rijiya.

Muna isa muka tarar an share gari, kowa ya sa kayan Sallah, har ruwan leda aka sayo mana. Ba wanda ya yarda ya je kududdufin.

Balaraba ta ce, "Baba Mai Unguwa, yadda kuke kullum nake so in ɗauka."

Ya ce, "Haba 'yata! Duniya za ta kalle mu, ki ce mu fito da tsumma?"

Haka ta ɗauki fim ɗin. Masu tallafin suka kalla, suka ce waɗannan ba su da matsala, suka kai rijiyar wani gari. Da damina gudawa ta yi ajalin jikar Mai Unguwa. Tun ranar Balaraba ba ta sake taɓa kyamara ba.

Jama'a, ku ba ni shawarar da zan kai mata: yaya ake nuna wahalar mutum ba tare da an tona masa asiri ba? Matasa masu waya, ku gwada a unguwarku, ku rubuto mu ji.