Kada Ku Kori Obadiah Saboda Fasinja

Mai girma shugabar taro, Madam Prudence; uban ƙungiyarmu ta masu tseren mota, Alhaji Hanif na kasuwar Dei-Dei, wanda ya ara mana fili, ya kuma janye shanunsa daga hanya, ban da guda ɗaya; alƙalan tsere; kanikawanmu masu albarka, waɗanda in mota ta yi gudu su ce aikinsu ne, in ta mutu su ce direba ne; masu faci, masu fenti, iyaye mata, da waɗanda shinkafa kawai ta kawo su: assalamu alaikum, barkanmu da rana.

Sunana Yamusa, kuma ni aka miƙa wa wannan kofi na tseren ranar Asabar. Ina godiya ga Allah, ina godiya ga kwamiti, ina godiya ga saniyar nan da ta tsaya tsakiyar kwanar hanya ta uku ta rage mini abokan hamayya biyu.

Amma ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Kun sani da zarar na zauna za ku ɗaga hannu kan ko a kori ɗan'uwanmu Obadiah daga ƙungiya har abada, saboda doka ta bakwai ta hana ɗaukar mutum ana cikin tsere. Ga shi can a kujerar ƙarshe, ya rungume hular kwanonsa. Ku ba ni dama in faɗi abu uku.

Na farko, laifin ya tabbata, ba na musu. Shekara goma sha tara Obadiah yana jan koriyar tasi tsakanin Dei-Dei da Bwari, kuma a shekarun nan babu hannun da ya tashi a bakin titi ya koma ƙasa bai taka birki ba. Sabo turken wawa. A zagaye na biyu yana gabanmu duka, wani ɗan kallo ya ɗaga hannu yana yi masa jinjina, sai muka ga sigina ta kama, mota ta gangara gefe, kai ya leƙo ta taga: "Bwari? Saura mutum ɗaya!" Jama'a, tun da aka ƙirƙiro tseren mota, wa ya taɓa kunna sigina? Da alƙali ya tambaye shi dalili, cewa ya yi: "Oga, ni ban tsaya ba. Ƙafa na ne ya tsaya."

Na biyu, ku dubi abin da ya biyo baya. Mu tara muka wuce shi yana tsaye, mu tara ya sake wuce mu kafin zagaye na huɗu, hannu ɗaya a sitiyari, ɗayan a waje yana dukan ƙofa kamar yadda ya saba a tasha. Ni da na sayi sababbin tayoyi, na cire kujerun baya don mota ta yi sauƙi, na yi azumin tuwo kwana uku don ni ma in yi sauƙi, ya wuce ni yana sauraron labaran rana a rediyo. Wanda ya koyi tuƙi yana tsere wa 'yan kamasho, mene ne Yamusa a wurinsa?

Na uku, kuma nan ne bakina yake nauyi. A zagaye na ƙarshe, saura ƙiris ya ci, ya sake tsayawa, na wuce ina dariya. Ya iso na ƙarshe, a giya ta biyu, da wata tsohuwa a kujerar gaba, da doya bakwai a but. Kowa ya yi dariya, ni na fi kowa, har aka buɗe ƙofa.

Mahaifiyata ce.

Tun safe ta taso daga ƙauyenmu na bayan Bwari, ta biyo hanyar gona da kaya a kafaɗa, ba ta gaya wa kowa ba, don ta ga ɗanta yana tsere, ta kuma kawo masa doya. Ƙafarta mai ciwo ta gaza a bakin hanyarmu, ta zauna cikin rana. Sau biyar na zagayo, sau biyar ta ɗaga mini hannu, sau biyar na watsa mata jar ƙasa na wuce. Ni kofi nake gani. Obadiah ne ya ga wannan hannun ba na jinjina ba ne. Ya ce, "Mama, ina zuwa?" Ta ce, "Wajen yaro na, shi ne mai jar mota." Ya ce, "Shiga, Mama, ai hanya ɗaya ne."

Wallahi na ji kunya, kuma har yanzu ina ji. Da na kai mata kofin gida, ta juya shi, ta ƙwanƙwasa, ta ce ba shi da murfi, ko gishiri ba zai ajiye ba. Sannan ta tambaye ni me aka ba yaron kirkin nan. Na kasa gaya mata kora za a ba shi.

Don haka nake roƙonku, ya ku shugabanni, ya ku alƙalai: doka mu muka rubuta ta, kuma da fensir muka rubuta. Ku ci shi tara, ku ɗaure masa sigina da waya, ku umarci 'yan kallo su riƙa sa hannu a aljihu in zai wuce. Amma in kun kore shi, ga kofinku, ku haɗa da ni, domin ba ni da fuskar da zan shiga gidanmu da ita.

Kuma ina gargaɗin duk mai shirin ɗaga hannu a kore shi: motarsa tana bakin ƙofa, makulli yana jiki. Kana ɗagawa zai zo ya ɗauke ka.

Allah Ya kiyaye hanya, Ya tsare mu daga fashewar taya da saniyar Alhaji. Allah Ya ƙara wa iyayenmu lafiya, Ya ba mu idon ganinsu komai gudun da muke yi. Allah Ya mai da kowa gidansa lafiya, wanda kuma ba shi da mota, ya san wanda zai tsaya masa.

Na gode.