Kotu Ta Wanke Ni, Ofis Ya Ce Da Saura

Ina gaishe ku cikin sunan Yesu Almasihu, 'yan'uwana. Sunana Bitrus, tsohon direban gwamnati. Ku yi haƙuri da tsoho, in na tuna baya bakina ba ya tsayawa.

A lokacin Abuja ake kiran garin nan, ba a ma karɓe sunan an ba mu Suleja ba. Kai, zamani mai daɗi! Landiroba nake tuƙawa, kakina a goge, in na taso daga Gawu manoma har ɗaga mini hannu suke daga gona. Ina kewar kwanakin nan ƙwarai.

Wata rana ina dawowa, sai wani manomi ya tare ni a Lambata, matarsa na naƙuda a gefen hanya. Doka ta hana ɗaukar fasinja a motar gwamnati, amma na ce su shiga. Muna gangarowa birki ya tsinke, na bugi wani mai keke, ƙafarsa ta karye. Matar dai wata motar ta ƙarasa da ita asibiti, ta sauka lafiya. Ni kuwa aka kai ni kotu kan tuƙin ganganci, ofis ya dakatar da ni.

Aka yi ta shari'a har damina ta wuce. Da mai duba motoci ya ba da shaida a kan birkin, alƙali ya ce ba ni da laifi. Haleluya! Zumuntar mata suka rako ni gida da waƙa, matata Rifkatu ta yanka zakara. Ran Litinin na saka kaki na nufi ofis ina taƙama, na miƙa hannu a ba ni makulli.

Babban akawu ya dube ni ya ce, "Bitrus, ina za ka? Kotu daban, ofis daban. Zancen haɗari ya mutu, ba mai sake tayar da shi. Amma wa ya ce ka ɗauki fasinja? Wannan kwamitin ladabtarwa ne zai ji."

Wayyo! Ashe kora na jirana, ga gidan da muke ciki na gwamnati ne, ga yara. Abokan aiki suka ce, "Ka ce ba ka ɗauki kowa ba mana. A kotu ba a tambaya ba, wa zai tona?" Ba zan ɓoye muku ba, raina ya so shawarar.

Rifkatu ce ta ƙi. Ta ce, "Maigida, Allah ya fid da kai da gaskiya, kai kuma ka koma aiki da ƙarya?" Muka durƙusa a tsakar gida, na yi kuka kamar yaro, na ce, "Ubangiji, ka riƙe harshena." Na tashi zuciyata ta kwanta.

Shugaban kwamitin wani dattijon Alhaji ne, ba ya dariya. Ya ce, "Ka ɗauki fasinja?"

Na ce, "Na ɗauka, ranka ya daɗe. Mace ce mai naƙuda."

"In gobe ka sake ganin wata fa?"

Na ce, "Zan sake ɗauka, ranka ya daɗe."

Alhaji ya cire tabarau ya goge, ya daɗe yana gogewa. Sannan ya ce wa akawu, "Doka ya karya, a yi masa gargaɗi. Amma wanda bai yi mana ƙarya a kan mace ba, ba zai yi mana a kan man fetur ba. Ba shi makullinsa."

Da wannan aikin na yi ritaya, 'yan'uwa. Godiya ta tabbata ga Ubangiji! Kai da aka wanke amma har yanzu ƙofa na rufe, kada ka buɗe ta da ƙarya. Ka dogara ga Yesu, ka faɗi gaskiya ko da kora na jiranka. Amin.