Malam Mirsaid, Mai Sa a Buga Sau Biyu

Shugaban gidan kiɗa na birninmu, dattawan unguwa, uwarmu Gulchehra matar Malam da 'ya'yanta, 'yan'uwana makaɗa, assalamu alaikum. Ni ce Dilbar mai goge. Tun ina budurwa nake zaune a gaban sandar da Malam Mirsaid ke jagorantar makaɗa da ita, har ga shi na yi furfura.

Ya kasance jagoran da ya hana mu tsufa a kan kiɗan magabata kaɗai. Yakan ce, “Waɗancan sun sha tafinsu. Yaron da ya rubuta nasa jiya a nan Tashkent fa, wa zai buga masa?”

Ya kasance mai taurin kai, Allah ya sani, uwarmu ma ta sani. Duk sabon kiɗa sai mun buga shi sau biyu a zama ɗaya, kafin hutun shayi da bayansa. Wata rana wani tsoho ya miƙe cikin 'yan kallo ya ce, “Malam, wannan ƙarar kuma? Sai ka ce ana gyaran famfo!” Malam ya juyo yana murmushi. “Baba, ɗazu baƙo ne. Yanzu kun gaisa, ai sai a ba shi wurin zama.” Tsohon ya zauna yana gunaguni. Bara da jikokinsa ya zo.

Mu ma mun yi gunaguni, yatsunmu sun sha wuya. Amma ku masu rubuta kiɗa da ke zauren nan, yawancinku a hannunsa duniya ta fara jin ku.

Ga abin da ya hana mu sukuni. Kiɗan farko na ɗalibarsa Zilola muke koyo lokacin da ciwo ya kwantar da shi. Tun rasuwarsa ake raɗe-raɗin a cire kiɗan daga wasanmu mai zuwa a sa wanda kowa ya sani, wai babu mai riƙe sanda. Yarinyar har ta daina zuwa, don kada ta takura wa kowa. Abin ya yi mana ciwo ƙwarai.

Uwarmu, share hawayenki, aikin mijinki bai tsaya ba. Mu makaɗa mun je wurin shugaba gaba ɗayanmu, ga shi nan zaune, ya amince. Zilola, na hango ki can bakin ƙofa wajen masu rabon shinkafa, matso ciki. Kiɗanki yana nan ranar Asabar, kuma ke za ki riƙe sandar. Ke dai ki ɗaga ta, za mu bi ki.

Mun gode da zuwanku. Allah ya jiƙan Malam, ya haskaka kabarinsa, ya ba iyalinsa haƙuri, ya ba mu kunnen sauraron 'ya'yanmu. Amin.