Malam Sada Ya Tafi Bai Faɗi Sunan Ba

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah.

Wakilin Mai Martaba Sarki, ranka ya daɗe. Iyayenmu hakimai da dagatai. Malamanmu limamai da alƙalai. Hajiya Nana, mai ɗakin marigayi, da 'ya'yansa Raihana da Abdulmuhaimin. Mista Boniface da sauran 'yan'uwanmu Ibo 'yan kasuwa da suka rufe shaguna suka zo. Jama'ar Daura, assalamu alaikum.

Sunana Jibril Kabo, sakataren ƙungiyar masu binciken salsalar iyalai, wadda Malam Sada Usman ya kafa bayan ya bar koyarwa. An ce in yi magana a madadinmu. Na zo da yabo, amma na zo da roƙo kuma, kuma roƙon ya fi yabon nauyi a bakina.

Malam Sada ya kasance mutumin da ba ya jin kunyar cewa "ban sani ba". Ya kasance idan tsoho ya ba shi labarin kakanni, sai ya tambaye shi, "Baba, da idonka ka gani, ko gaya maka aka yi? Wa ya gaya maka?" Ya kasance ba ya karɓar shaidar baki ɗaya. Mun raka shi kotu a Mashi kan rigimar wata gona, inda surukinsa ya kawo shaidu uku cewa kakansa ne ya sare dajin. Alƙali ya nemi ra'ayinsa. Ya ce, "Allah ya gafarta Malam, na zauna da su ukun. Duk a bakin mutum ɗaya suka ji, kuma shi ne mahaifin mai ƙara. A wurina shaida ɗaya ce." Surukin ya daɗe bai taka gidansa ba. Hajiya Nana, ke kika san abin da kika sha a tsakani.

Ya kasance yana gaya mana cewa asalin mutum mai rai ba kayan mai bincike ba ne, amana ce a hannunsa. Wannan ƙa'idar ce ta kawo mu halin da muke ciki yau.

Ga Madam Nwanneka can zaune kusa da Hajiya. Da izininta nake magana, kuma maganar ta riga ta shiga kotu, kowa ya ji. A garin nan aka haife ta. Mahaifinta tela ne. A shekarar sittin da shida, da tsoro ya sa mutanensu suka kama hanyar gida, tana yarinya, ƙaninta Ikem yana goye, ƙyanda ta rufe shi. Mahaifiyarsu ta ga ba zai kai ba a bayan babbar mota. Ta miƙa shi ga wata maƙwabciya mai sayar da fura, ta ce in ƙura ta lafa za ta dawo. Yaƙi ya zo. Uwa da uba duk ba su ga ƙarshensa ba. Maƙwabciyar ma ba ta daɗe ba ta rasu, yaro ya koma wani hannun.

Bara Madam Nwanneka ta dawo Daura da sanda da ciwon zuciya. Mista Boniface ya sauke ta, ya kawo ta wurin Malam Sada. Da 'yar Hausar da ta rage mata ta ce, "Malam, ina ƙanina?"

Malam Sada ya shiga nema. Ya bi tsofaffin matan unguwa ɗaya bayan ɗaya. Ya hau mashin har garin Babban Mutum, yana fama da ƙafa. Bai ɗauki kowa cikinmu ba, bai kuma rubuta suna ko ɗaya ba. Da damina ta tsaya ya kira Madam, ina wurin. Ya ce, "Madam, akwai wani dattijo. Tsofaffi biyu da ba su san juna ba sun ba ni labari iri ɗaya a kansa. Ba zan ce ƙaninki ba ne sai an gwada jini, jini kuma ba a gwada shi sai mai shi ya yarda. Na same shi, na gaya masa. Ya ce in ba shi lokaci."

Ta ce, "Faɗa mini sunansa kawai."

Ya ce, "Ba ni da izini."

Ta durƙusa a tsakar gidansa, ta riƙe masa gefen riga. Ta ce, "Malam, likita ya ce ba ni da lokacin da kake ba shi." Na ga hawaye yana bin gemun Malam Sada. Bai faɗa ba.

Jama'a, kada ku ce taurin zuciya ne. Dattijon nan da ake zato ya girma a matsayin ɗan gida. Da sunan wanda ya raine shi ya yi makaranta, ya karɓi takardar shaidar asali, ya ci gado, ya aurar da 'ya'ya. Ranar da sunansa ya fita, wasu za su iya kai shi gaban alƙali su ce a warware gadon. Malam Sada ya san haka. Ya kuma san cewa in ya yi kuskure, ya jefa gidan da bai ji ba bai gani ba cikin abin da ba ya gyaruwa.

Ɗanta Austin ya kai ƙara don a tilasta wa Malam Sada ya faɗi sunan. Ba mu ga laifinsa ba, uwarsa yake gani tana ƙarewa. Lauya ya ce, "Malam, ka san mutumin?" Ya ce, "Na san wanda nake zato. Zato ba sani ba ne, kuma bai ba ni dama ba." Kotu ba ta tilasta shi ba. Yana fitowa ya je ya zauna kusa da matar da ɗanta ya kai shi ƙara, ya ce, "Zan koma masa. Zan yi ta komawa."

Bai koma ba. Ajali ya riga shi.

Raihana, Abdulmuhaimin, mun san ana yi muku sintiri a gida. Kun buɗe mana ɗakin karatunsa, mun duba tare, babu komai. Kada ku bari a sa ku cankar abin da mahaifinku ya ƙi canka. Ku kuma mutanen gari, ina roƙonku da girman Allah. Tun da aka binne shi an fara nuna dattawa da baki a kasuwa, ana cewa wane fari ne, wane hancinsa ba irin na gidansu ba ne. An riga an sa wata yarinya kuka a makaranta kan kakanta. Abin da Malam Sada ya tsare har kabari, kada mu watsa shi a teburin mai shayi.

Yanzu zan yi magana da mutum ɗaya. Ban san ka ba. Wataƙila kana cikin rumfar nan, wataƙila takardar jawabin nan ce za ta same ka.

Baba, ba zan yaudare ka ba. Ban san hukuncin da alƙali zai yanke kan gado ba in maganar ta fito, ba ni kuma da ikon yi maka alkawari. Abin da na sani shi ne Madam Nwanneka ta rantse a gaban lauya cewa ba ta neman komai naka. Ba ta son ka bar addininka, ko sunanka, ko gidanka. Mutum ɗaya ne ya san hanyar ƙofarka, ya rasu. Mu ba mu da inda za mu bi. Ranar Asabar Austin zai mayar da ita gida, likita kuma ya ce ba ta sake irin wannan tafiyar.

Jiya na tambaye ta me zan gaya maka. Ta ce, "Ka ce masa daga yau har Juma'a ina zaune a ƙofar shagon Boniface. In ba zai iya magana ba, kada ya yi. Ya zo kamar mai sayen fulogin mashin, ya ce mini sannu, ya wuce. Ko ni ban gane shi ba, shi dai ya ga fuskar yayarsa."

Don Allah, Baba. Don Allah.

Muna godiya ga fada, da malamanmu, da duk wanda ya baro aikinsa ya zo. Ya Allah, ka gafarta wa bawanka Sada, ka yalwata kabarinsa, ka saka masa da amanar da ya riƙe. Ka ba Hajiya Nana da 'ya'yanta haƙuri. Ka tsare harsunanmu daga mutuncin bayinka. Ya Allah, kai ka san sunan da mu ba mu sani ba. Ka sanyaya zuciyar mai shi, ka cire masa tsoro, ka ba baiwarka Nwanneka numfashin da za ta jira shi. Amin.