Alhaji Gidaɗo na Motar Kurket

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah.

Malam Zainul Abideen, limaminmu. Alhaji Bashar, shugaban 'yan Arewa mazauna Dubai. Dattawanmu na Nijar. Hajiya Salamatou, maiɗakin marigayi. 'Ya'yansa Mubashir da Maimunat. Sauran jama'a, assalamu alaikum.

Sunana Halliru. Shekara goma sha ɗaya na yi ina aiki a ƙarƙashin Alhaji Gidaɗo Safiyanu, shi ya sa aka ce in yi magana a madadinmu. Abin da muka gani zan faɗa, ba ƙari.

Daga Gusau, inda yake ɗaukar hoto a wani gidan talabijin, ya zo garin nan. Aikin farko da ya samu shi ne jan wayoyin kyamara a filin kurket, wasan da bai san kansa ba balle gindinsa. Ya taɓa gaya mana cewa wata guda ya yi yana zaton addu'a alƙalin wasa yake yi idan ya ɗaga hannu biyu sama. Bayan shekara tara ya buɗe kamfaninsa a wani ɗaki a unguwar Al Muraqqabat, da kyamara biyu da motar watsa shiri guda ɗaya. Ya rasu yana da ma'aikata arba'in da uku, tashoshin ƙasashe shida suna karɓar hotonsa.

Ya kasance mai kafiya. Ranar da ya ce za a riƙa sharhin kurket da Hausa ana aika wa tashoshin Kano da Maraɗi, dariya muka yi. Na ce, "Alhaji, wa zai kalla? Mutanenmu ƙwallon ƙafa suka sani." Ya ce, "Ita ma da can ba su san ta ba. Yalla, zauna gaban makirfo." Shekara biyu muna magana kamar da bango. A ta uku wani malami daga Zariya ya aiko da hoton ɗalibansa suna buga kurket da katakon benci, ya ce a shirinmu suka gani.

Ya kasance mai tsanani. Ni kaina sau biyu ya kore ni saboda latti.

Ya kasance mai tsaya wa ma'aikacinsa. Shekara huɗu da suka wuce, ranar wasan ƙarshe na wata gasa, daraktanmu, wato mai zaɓar hoton da zai fita, ya wayi gari ba lafiya. Alhaji ya ɗora mataimakiyar daraktan, mai suna Turai, a kan aikin, ga ta can zaune a baya. Wakilin masu gasar ya shigo mota ya ce, "Habibi, miliyoyi za su kalli wannan wasa. Nemo mana namiji gogagge." Alhaji ya ce, "Ita ce gogaggiyar. In ba ku yarda ba, khalas, shi ke nan, sai mu naɗe wayoyinmu." Saura minti arba'in a fara, kuma bizar kowannenmu a kan kamfanin take. Mutumin ya fita ya yi waya, ya dawo ya ce a ci gaba. Wasa ya fita lafiya lau. Amma masu gasar ba su sake ba mu aiki ba, mutum shida cikinmu suka koma gida. Har yau akwai masu ganin ya yi kuskure, wasunsu suna cikin ɗakin nan. Shi dai bai taɓa cewa ya yi nadama ba, kuma sai da ya dawo da huɗu daga cikin shidan.

Hajiya, mun san Sallah nawa ya yi a filin wasa kuna jiransa a gida. Lokacinku ne muka ci, ku yafe mana. Mubashir, Maimunat, ba wanda zai tilasta muku zama kujerarsa. Kun dai ji waye mahaifinku a wajen aiki. Ranar Asabar akwai wasa, motar za ta fita kamar kullum, Turai ce za ta ja ragama.

Muna godiya ga waɗanda suka yi jinya, da waɗanda suka raka shi makwancinsa, da ku da kuka baro aiki kuka zo.

Allah Ya gafarta wa Alhaji Gidaɗo abin da muka sani da wanda ba mu sani ba. Allah Ya haskaka kabarinsa, Ya raya abin da ya bari, Ya ba iyalinsa haƙuri. Mu da muka saura a ƙasar mutane, in tamu ta zo, Allah Ya sa mu cika da imani. Amin.