Rikicin Rijiyar da Baba Ya Ajiye

Ga ta nan, ga ta nanku. Ku ce ta zo, in ba ku.

A tasha na ji wannan, muna jiran mota ta cika. Wani tsoho ne da wata budurwa rungume da takardu.

"'Yata, karatun me kike yi?"

"Na lauya, Baba. Ina bincike kan yadda dattawa ke sasanta rikicin gona ba a je kotu ba."

"Ikon Allah! Irin na autata ke nan. Ni ta yi wa tambayoyi, don na daɗe ina raba faɗan iyaka. Duk mako sai ta zo ta ɗauki muryata."

"Ta yi sa'a."

"Ni na yi sa'a. Labarin zama ɗaya sai in ja shi zama uku, ina tari, ina cewa na manta."

Yarinyar ta yi dariya. "Yanzu fa?"

"Ta gama, an ba ta aiki nesa. Sai gaisuwar waya. 'Yata, in an gama binciken nan, ba a sakewa?"

"Ana ƙarawa, in an samu sabon bayani."

"To akwai rikicin wata rijiya da ban gaya mata ba."

"Kira ta mana, Baba!"

"Shi kaɗai ya rage mini. In na ba ta shi, da me zan sake jawo ta?"

Mota ta cika. Yarinyar ta sauka a ƙofar jami'a, ni na sauka a kasuwa, tsohon kuwa ya wuce gida bai kira ba.